Idan karenka ko magenka ta ci maganin ɓera, ga abin da zaka yi

Jama'a, da an gama kaka an cika rumbuna sai ɓeraye da gafiyoyi su dawo cikin gida, kowa ya nufi masu tallan maganin ɓera da lasifika ranar kasuwa, a kwaɓa shi da busasshen kifi ko ƙuli-ƙuli a ajiye bayan rumbu ko ƙarƙashin gado. To abin da ya ja ɓera shi ne dai zai ja karen gida, kaji da zabi kuma su tsattsage wanda aka barbaɗa a dusa, mage kuwa ko bata taɓa maganin ba in ta cinye ɓeran da ya sha, gubar na iya kama ta.

Kafin komai ka gane wane iri dabbar ta ci, don ba aikinsu ɗaya ba.

Akwai baƙin garin nan mai toka-toka da ake ƙullawa a leda, mai warin tafarnuwa ko ruɓaɓɓen kifi, yawanci zink fosfaid ne. Da ya haɗu da ruwan tsamin ciki sai ya saki wata iskar guba, fosfin, kuma baya ɓata lokaci, daga minti 15 zuwa awa 4 zaka ga amai, kumburin ciki, kare na layi yana numfashi da ƙyar. Wannan bashi da makari, sai dai likita ya tallafi dabbar. Kar a bashi abinci ko nono, abinci na ƙara tsamin ciki gubar ta ƙara tashi. In zai yi amai a fitar da shi fili inda iska ke kaɗawa, a kori yara, kai ma kar ka sunkuya kana leƙa aman, iskar nan tana cutar mutum.

Sai mai launi, ja ko kore ko shuɗi, wani kamar ƙwayar alkama wani dunƙule, irin su burodifakum da wafarin. Wallahi shi ne yafi yaudarar mutane. Aikinsa ya hana jiki sake amfani da bitamin K jini ya daina daskarewa, to kare zai ci yau, gobe ka ganshi garau yana haushi yana cin tuwonsa, kace ai ya tsira, alhali sai bayan kwana 3 zuwa 5 abin zai bayyana, lokacin jini ya riga ya fara tsiyaya ta ciki. Ka ɗaga leɓensa ka duba dasashi, na lafiyayyen kare ja-ja ne, in ka ganshi fari fat to akwai matsala. Ga kasala, tari, haɓo, jini a fitsari ko baƙin kashi, wani ma jinin ɗan ciwon ƙaya ne zai ƙi tsayawa. Abin farin cikin wannan yana da makari, bitamin K1, amma sai an jure bayarwa sati 3 zuwa 4, kar kaga ya miƙe ka daina. Kuma kar a baka K3 ace duk ɗaya ne, ba ɗaya bane. Masu karnukan farauta dan Allah ku ɗaure shi ya huta duk tsawon wannan lokacin, ƙaramin bugu a daji zai iya jawo zubar jinin da ba zai tsaya ba.

Wasu kuma fiya-fiya ko Sniper suke ɗigawa a abinci. Alamarsa dalalar miyau, ƙwayar ido ta ƙanƙance, karkarwa da zawo, likita na da allurar atirofin dominsa amma sai an hanzarta.

To da ka ankara, kwashe ragowar maganin, ka riƙe ledar ko kwalin da ya zo a ciki, ka tuna ƙarfe nawa ya ci, ka kira malamin dabbobi na yankinku ko ka hau babur zuwa asibitin dabbobi na ƙaramar hukuma da ledar a aljihu. Kar ka jira alama. Cikin awa 2 na farko likita zai iya sa shi amai ya bashi gawayin asibiti mai tsotse guba, wanda ba irin na murhu bane.

Maganar manja, na san kowa shi yake fara rarumowa, a danne kare a buɗe baki a ɗura. Ba makari bane ko kaɗan, yana iya sarƙe shi ya wuce huhu, ga lokacin da aka ɓata ana jiran ya yi aiki. Ruwan gishiri don ya yi amai ma haɗari ne, gishirin kansa na iya kashe shi, balle mage da jikinta ba wani ƙwari.

Kaza ko akuyar da ta ci maganin kuma, kar a yi saurin sa mata wuƙa ace kar ta yi mushe a dafa wa yara, gubar na nan cikin hanta da kayan ciki. A haƙa rami mai zurfi a binne yadda kare ba zai tono ba.

In dole sai ka sa magani, tura shi can cikin guntun bututu ko ƙarƙashin tsohuwar tukunya mai ƙaramar kafa da ɓera kaɗai zai shiga, ka ɗora dutse, ka kwana da kare a ɗaure, ka gaya wa maƙwabta su killace kajinsu. Da asuba kafin a buɗe akurki ka zagaya ka tsince matattun ɓerayen, da leda a hannu saboda zazzaɓin Lassa, ka binne su. Gidan da ke da mage da yara masu rarrafe kuwa ni dai shawarata a haƙura da gubar a koma tarko.