Darasi na Bakwai: Zaɓen Taya da Rim na Ƙaramar Mota

Kafin mu fara karatun yau, nemi tsumma mai ɗan laima, da biro, da 'yar takarda. Je wurin wata ƙaramar mota, taka ce ko ta maƙwabci, ka tsuguna gefen tayar gaba, ka goge ƙurar da ke jikinta. Za ka ga rubutu ya fito, baƙi a kan baƙi, sai ka karkata kai yake karantuwa. Sunan kamfani ne aka rubuta da manyan baƙaƙe, ba shi muke nema ba. Nemi layin lambobi mai kama da wannan:

185/65 R15 88H

Kwafe naka a takarda daidai yadda yake. Kada ka tsallake ko harafi ɗaya.

Abin da lambobin ke faɗi

Lambar farko, 185, faɗin tayar ne da milimita. Ta biyu, 65, ita ce ke rikita mutane, don ba milimita ba ce. Tana nufin tsayin gefen taya, daga bakin rim zuwa inda take taɓa ƙasa, kashi 65 cikin ɗari ne na faɗinta. Kashi 65 cikin ɗari na 185 ya kama milimita 120. Idan wannan lambar ta yi ƙasa, kamar 55 ko 45, gefen tayar gajere ne. Idan ta yi sama, tayar na da kauri a ido.

Harafin R yana nuna irin saƙar da ke cikin robar, kuma kusan duk tayar ƙaramar mota a yau R ce. Sai 15, wato girman rim ɗin da tayar za ta hau, amma shi da inci ake auna shi. I, layi ɗaya ne, awo iri biyu. Haka masu ƙera taya suka saba, mu ma sai mu bi. Tayar 15 ba ta hawa rim 14, ba ta hawa 16. A nan babu "kusan daidai".

Yawancin masu saye daga nan suke tsayawa, su bar 88H kamar ado ne. To ba ado ba ne. Lamba 88 tana nufin taya ɗaya za ta iya ɗaukar kilo 560. Lamba 82 kilo 475 ce, 84 kilo 500, 91 kuma kilo 615. Harafin ƙarshe na gudu ne: T kilomita 190 a awa, H 210, V 240. Ba cewa aka yi ka yi wannan gudun ba. Ana gaya maka iyakar gudun da tayar ke jurewa ne. Ƙa'idar mai sauƙi ce: kana iya sayen wadda lambarta ta fi ta motarka, ba ka sayen wadda ta gaza. Wanda ke cika mota da mutane da kaya shi ya fi kowa buƙatar duba wannan lambar.

Tambayi motar, kada ka tambayi tsohuwar taya

Tayar da ka kwafo lambarta ba lallai ba ne ita ce daidai. Wataƙila wanda ya riƙe motar kafin kai ya sa abin da ya samu ne. Buɗe ƙofar direba, ka duba jikin ƙarfen da ƙofar ke rufuwa a kai. A yawancin motoci akwai 'yar takarda manne a wurin. A wasu tana bayan murfin tankin mai, ko cikin littafin motar. A nan kamfanin ya rubuta girman tayar da ya ƙera motar da ita, da yawan iskar da za a ba ta gaba da baya. Gwada da abin da ke takardarka. Idan sun saɓa, na jikin motar za ka bi.

Batun iska ma haka yake. Akwai wata lamba a jikin taya kusa da kalmar MAX. Wannan iyakar iskar da tayar ke iya ɗauka ce, ba ita za a ba motar ba. Ƙananan motoci da yawa suna tsakanin 30 zuwa 35 a gejin mai faci, amma taka tana da nata adadi. A auna kafin a yi tafiya, tun tayar tana da sanyi, don tayar da ta yi zafi tana nuna iska fiye da gaskiya.

Idan kana son canza girma

Mutum kan so babbar taya don motar ta ɗan ɗaga, ko babban rim don ta yi kyau. Ana iya yi, amma da lissafi. Abin da ake kiyayewa shi ne tsayin ƙafar gaba ɗaya, daga ƙasa zuwa saman taya.

Mu yi shi tare, a hankali. Inci ɗaya milimita 25.4 ne, saboda haka rim 15 ya zama milimita 381. Gefen taya biyu ne, sama da ƙasa: 120 da 120, wato 240. Haɗa 381 da 240. Ka samu 621. Wannan shi ne tsayin ƙafar motarmu.

Yanzu a ce kana son rim 16. Shi milimita 406 ne. Idan ka ɗora masa taya 195/55 R16, gefenta ɗaya 107 ne, biyu 214, jimla 620. Bambancin milimita ɗaya kacal, mota ba za ta ma sani ba. Ka lura da abin da ya faru: rim ya ƙaru, sai gefen taya ya ragu don a dawo tsayi ɗaya.

Amma a ce mai sayarwa ya ce maka, "Maigida, babu 185 yau, ga 205/65 R15, ai duk sha biyar ce." Gaskiya ne za ta hau rim ɗin. Sai dai yi lissafi: gefenta 133 ne, biyu 266, a haɗa da 381, ya zama 647. Ta fi ta asali da milimita 26, sama da kashi 4 cikin ɗari ke nan. Malejinka zai nuna 100 alhali gudunka ya kai wajen 104. Motar za ta yi nauyin tashi, kuma in ka karya kwana da kaya a baya, tana iya gogar bodi. Masu wannan sana'a sukan ce kada bambancin ya wuce kashi 3 cikin ɗari, sama ko ƙasa.

Ra'ayina, in an tambaye ni: ƙaramar motar da ke bin hanya mai ramuka ba ta da riba a babban rim. Gefen taya shi ne katifar farko tsakaninka da rami. In ka rage shi, duk wata gargada sai ta iso ƙugunka, rim kuma ya fi saurin lanƙwashewa. Kyan kallo ne kawai za ka samu.

Rim yana da nasa lambobi

A nan aka fi yin asara, don rubutun rim a ɓoye yake, galibi ta ciki, sai an ciro shi an juya. Za ka ga abu kamar haka:

6J x 15 ET45

Lamba 6 faɗin rim ne da inci, 15 kuma ka riga ka san ta. Taya 185/65 tana zama lafiya a rim mai faɗin inci 5 zuwa 6 da rabi. ET45 tana nuna yadda rim ke zama a jikin mota, ya shige ciki ne ko ya fito waje. In motarka ET45 ce ka sa ET35, ƙafar za ta fito waje da milimita 10. In ta fito da yawa, taya za ta riƙa cin bakin bodi, boris kuma ya riƙa ɗaukar nauyin da ba nasa ba. In ta shige da yawa, sai ta gogi kayan ƙafa ta ciki.

Sai hudar noti. Ƙidaya huda ba ta isa ba. Na koyi wannan da aljihuna. Wata shekara na ga rim huɗu na alminiyam, na hannu ne amma suna walƙiya. Na tambayi mai su ko za su shiga motata. Ya leƙa ƙafar ya ce, "Malam, huda huɗu ce, wannan ma huɗu ce. Ɗauka kawai." Aka ɗaura. Na lura yaron da ke ɗaurawa sai da ya ɗan bubbuga rim ɗin da hannu kafin ya zauna, notin kuma suna shiga da ƙarfi tun daga farko, amma ban ce komai ba. Bayan 'yan kwanaki sitiyari ya fara rawa. Na kai aka yi balansin, bai daina ba. Wani dattijon bakanike ne ya ciro ƙafa ɗaya, ya kwantar da rim ɗin a ƙasa, ya ɗora ma'auni daga tsakiyar huda zuwa tsakiyar wadda ke fuskantarta. Ya nuna mini da farce: 98. Ya koma jikin motar ya auna: 100. Sannan ya juya noti ɗaya a tafin hannunsa, na ga gefe guda ya cinye ya yi fari, ɗaya gefen ko taɓuwa bai yi ba.

An ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima. To milimita biyu ta fi ƙarfin ido. Noti ya zauna a karkace, ya riƙa kwancewa da kansa, kuma ƙarfen da yake kamawa yana iya karyewa kana cikin tafiya.

Wannan awo ana rubuta shi haka: 4x100, wato huda huɗu a kan da'ira mai faɗin milimita 100. Toyota Yaris da Honda Jazz da yawa 4x100 ne. Ƙananan Fiat da yawa 4x98 ne. Ƙananan Peugeot da yawa kuwa 4x108. Masu huda biyar ma sun kasu: akwai 5x100, da 5x112, da 5x114.3. Mai huda huɗu kana iya auna shi da rula kamar yadda dattijon ya yi. Mai biyar ba shi da hudar da ke fuskantar wata kai tsaye, don haka gara a duba littafin mota.

Babbar hudar tsakiya ita ma tana da awo. A ƙananan Toyota masu 4x100 milimita 54.1 ce, a Honda 56.1. In hudar rim ta yi ƙanƙanta, ba zai shiga ba sam, ka huta. In ta yi girma, zai shiga amma ba zai zauna a tsakiya sosai ba, sai an sa masa zoben da ke cike giɓin. Kuma ka dubi gindin noti: wani mai tsini ne kamar mazurari, wani mai zagaye, wani shafaffe mai washa. Kowane rim da irin notinsa.

Shekarun taya da zanenta

Taya tana tsufa ko ba a hau ta ba. Nemi haruffan DOT a jikinta, ka bi layin har ƙarshe. Lambobi huɗun ƙarshe su ne ranar haihuwarta. In ka ga 2321, an yi ta a mako na 23 na shekarar 2021, farkon watan Yuni ke nan. Tun shekarar 2000 ake rubuta shi da lamba huɗu. Kamfanonin taya da dama sun ce kada ta wuce shekara goma ko da zanenta na nan, wasu masu ƙera mota ma shida suka ce. Wannan ya haɗa da safaya, wadda kowa ke mantawa da ita a but.

Cikin ramukan zane akwai ƙananan tudu da aka gina a tsakani. Tsayinsu milimita 1.6 ne. Ranar da zane ya sauko daidai da su, tayar ta gama aiki, musamman a kan kwalta mai ruwa. In ta hannu za ka saya, shafa gefenta da tafin hannu ko akwai kumburi, ka leƙa ciki ka ƙidaya faci. Mai kumburi ko faci a gefe, bar ta a nan.

Ƙafafu biyu na gaba su zama girma ɗaya, iri ɗaya. Na baya ma haka. In biyu kawai ka iya saye, masana taya sun ce a sa sababbin a baya, ko da motar da gaba take ja, don in baya ya zame a kwana ya fi wuyar kamawa. In ka ga kibiya a jikin taya, ta nuna inda tayar ke juyawa in mota na tafiya gaba. In ka ga OUTSIDE, wannan gefen ne waje.

Ranar ɗaurawa

Tsaya a wurin, kada ka tafi ka dawo. A fara sa kowane noti da hannu. In ya ƙi tafiya da hannu, akwai matsala, a tsaya. A ɗaure su a gicciye, wannan sannan wanda ke fuskantarsa, ba bi da bi ba. Kada ka yarda a hau kan sifana da ƙafa ana tsalle. Bayan an sauke jak, juya sitiyari har ƙarshe dama, har ƙarshe hagu, ka zura hannu ka ji ko taya na kusa da taɓa wani abu. In ka yi tafiyar kilomita 50 ko makamancin haka, sake gwada notin.

Aikin gida

1. Wata taya an rubuta mata 175/70 R14 84T. Nawa ne faɗinta? Rim nawa take hawa? Kilo nawa take ɗauka?
2. Lissafa tsayin ƙafar wannan tayar gaba ɗaya. Rim 14 milimita 356 ne.
3. A jikin wata taya an ga 0819. A wane mako aka yi ta, a wace shekara? Shekararta nawa yau?
4. Koma wurin motar da ka fara da ita. Kwafo lambobin tayoyinta huɗu da na safaya, da na takardar jikin ƙofa, ka kawo aji mu gani ko sun yi daidai.