Yadda Ake Dawo wa Kare da Ƙarfin Gwiwa Bayan Rauni

Idan kare ya fara ɗage ƙafar baya yana tafiya da uku, ko kuma in ya zauna ya miƙe ƙafa ɗaya gefe, galibi jijiyar da ke riƙe gwiwarsa ce ta tsinke, ko ƙoƙon gwiwar ne yake gocewa. Dole likitan dabbobi ya fara duba shi, domin wani raunin sai da tiyata, kuma mu mazauna Jos ba mu da uzuri tunda ga cibiyar binciken lafiyar dabbobi ta Vom nan kusa. Kada a ba shi ibuprofen, domin yana lalata wa kare ciki da ƙoda.

Da zarar likita ya ba da izini, a fara da tafiya a hankali, wadda a ganina ta fi kowane motsa jiki amfani. Kare mai sauri yakan tsallake ƙafar da ke ciwo ba tare da an lura ba, amma idan ka riƙe shi da gajeriyar igiya kana takawa sannu, tilas ya sauke ta ƙasa, kuma da wannan takawar ce tsokar cinyar da ta rame take cikowa. Minti 5 sau 3 a rana ya wadatar da farko, sannan a riƙa ƙarawa kaɗan kowane mako. A lokacin hunturu na fi son a jira hantsi, domin sanyin asubar Jos yana sandarar da gaɓa. Idan yana tangaɗi, a sarƙafa tsohon zane ta ƙarƙashin cikinsa a tallafa masa.

Bayan wasu makonni, a koya masa zama da tashi sau 5 zuwa 10, ƙafar mai ciwon tana jikin bango don kada ya fitar da ita gefe. Daga nan sai hawan ɗan tudu mara tsayi, da ƙetare sandunan da aka jera a ƙasa ɗaya bayan ɗaya.

A shimfiɗa tabarma a kan tayil don kada ya zame, a hana shi tsalle da guje-guje har makonni 8 zuwa 12 idan tiyata aka yi, a kuma rage masa abinci in yana da ƙiba, domin ɗaya gwiwar ma takan tsinke daga baya. Duk ranar da ɗingishin ya ƙaru bayan motsa jikin, a bar shi ya huta, washegari a koma kan adadin makon jiya.