Sinadarin da Aka Yi da Labari: Kurakuran da Marubutan Almara Suka Fi Yi da Gyaransu

A wasu littattafan almara labari kan tashi daga abin da baki ke faɗi ya koma abu mai jiki, a tara shi, a auna, a sayar, ko ya zama wani ƙarfi da ke juya duniyar baki ɗaya. Terry Pratchett, marubucin nan ɗan Ingila, ya raɗa wa irinsa suna narrativium a littafin The Science of Discworld na 1999, wanda ya rubuta tare da Ian Stewart da Jack Cohen. A can shi ke sa al'amura su gudana yadda labari yake bukata. Dabarar tana da daɗi ƙwarai, amma tana saurin lalata littafi, kuma yawanci ɓarnar daga wuri ɗaya take tasowa: an ƙirƙiro abu ba a yanka masa farashi ba.

Fara da tantance irinsa, domin iri biyu ne. Akwai wanda ba a taɓa shi da hannu, yana dai aiki a kan kowa. Shi ke sa auta ya yi nasara inda yayyensa biyu suka kasa. Akwai kuma wanda ake zubawa a kwalba. Marubuci kan fara da na farkon a babi na 2, sai a babi na 15 a ga boka ya zaro shi daga aljihu. Nan take mai karatu zai daina yarda da kai. Zaɓi ɗaya ka tsaya a kansa. In dole sai duka biyun, to a nuna a fili yadda ɗaya ke rikiɗa ya zama ɗayan.

Sai rashin tushe da ma'auni. Kafin ka rubuta babin farko, cika shafi guda da amsar tambayoyi uku: daga ina yake fitowa, nawa ake samu, kwana nawa yake yi kafin ya lalace. Mu ɗauka ka mai da shi wani irin ƙaro da ke tsattsafowa a bangon ɗakin da ake ba da labari. Hirar dare ɗaya a gaban mutum 10 tana ba da ɗigo ɗaya, warkar da rauni yana cin ɗigo 5, ta da gini kuwa 300. Ba sai mai karatu ya ga waɗannan lambobi ba, amma kai kana bukatarsu, don su za su hana ka ba jarumi ƙaron shekara guda a daren da ya shiga uku.

Babban kuskure shi ne a yi amfani da shi kyauta. Tunda da labari aka yi shi, abin da ya dace ya ci shi ne labarin kansa: duk wanda ya ƙona ɗigo, labarin da ya haifar da ɗigon ya goge daga zukatan waɗanda suka san shi. Wata uwa ta ƙona ƙaron ɗakin kakarta don ta ceci ɗanta, yaron ya tashi garau. Washegari da dare yara suka zauna, tsohuwa ta ce "Ga ta nan, ga ta nanku," suka amsa "Ta zo mu ji ta," ta buɗe baki, babu abin da ya fito. Wannan fage guda ya fi shafi biyar na bayani aiki, kuma daga nan duk sanda wani ya miƙa hannu ga kwalbar, gaban mai karatu zai faɗi. A kula da ma'auni a nan ma: ƙaramin aiki ya ci ƙaramin labari, babban aiki ya ci tarihin kafuwar gari ko sunan wani kaka. Idan farashin bai taɓa yi wa jarumin kansa ciwo ba, ba a biya komai ba tukuna.

Da yawa kuma sukan mai da sinadarin mafakar lalaci. Jarumi ya yi kiciɓis da wanda yake nema a tsakiyar daji, aka ce ai ƙarfin labari ne ya haɗa su. Sau ɗaya za a yafe, na biyu an gane dabara ta ƙare wa marubuci. Ka bar sinadarin ya jefa jarumi cikin matsala yadda ka ga dama, amma kada ya fitar da shi sai ta hanyar da aka riga aka nuna a babi 3 na farko, a kan wani ƙaramin abu. A littafi mai babi 30, ceto biyu irin wannan sun isa.

Wani abin da ake mantawa: mutanen duniyar littafin suna da wayo. Idan kowa ya san auta ke nasara, sarki mai 'ya'ya uku zai tura autan tun farko, ko yayyen su kore shi. Azzalumi zai hana a ba da labarin faɗuwar azzalumai, ya ɗauki maroƙa haya su yaɗa wanda yake so. Za a sami masu algus da masu karɓar haraji. Dole kuma ka yanke hukunci a kan ƙarya: tana ba da ƙaro ko ba ta bayarwa? In tana bayarwa, wataƙila nata ya fi yawa amma ya ruɓe cikin kwana 3. Haka idan gari biyu suna ba da labari ɗaya ta fuska biyu masu karo da juna, me zai faru in aka haɗa ƙaronsu a kwalba ɗaya? Rikicin littafi sukutum na iya fitowa daga wannan tambaya.

Kada ka buɗe littafi da tarihin sinadarin. Bari a ga mai kankare bango da wuƙarsa yana ciniki, bayani ya biyo a hankali. Suna ɗaya gajere ya wadatar.

Idan ka gama rubutun farko, yi alama a duk inda sinadarin ya bayyana, ka cire shi ka sake karanta fagen. In babu abin da ya canza, goge ambatonsa. In ya canza, duba gefen shafi ka rubuta wanda ya biya da abin da ya rasa, sannan ka tabbata rashin ya sake fitowa a wani babi na gaba.