Babi na 7: Ƙaramar ƙwayar nan ta masu ciwon furostet

Darasi na 1

Sannunku da ƙoƙari iyayena da yayyena. Kowa ya fito da kwalin maganin da na ce a zo da shi, wanda ba shi da shi ya matso kusa da maƙwabcinsa.

Furostet wani ɗan ƙulli ne kamar goro ɗaya, yana ƙasan mafitsara, hanyar fitsari ta ratsa ta tsakiyarsa, kuma maza kaɗai ke da shi. In shekaru suka ja yakan kumbura, fitsari ya riƙa fita da ƙyar, mutum ya tashi sau huɗu sau biyar kafin asuba. Wannan kumburin tsufa ne, kuma maganin da za mu karanta yau ba nasa ba ne, shi akwai nasa daban irin su tamsulosin da finasteride. A ciwon furostet, namu na yau an fi ba da shi ne idan likita ya yi gwaji ya tabbatar ciwon daji ne a wurin.

To ɗora yatsa a kan harafin farko. P. Na biyu R, sai E, sai D. In ka ga waɗannan huɗun a jere to prednisolone ne ko ɗan uwansa prednisone. Kusa da sunan akwai lamba 5 da ƙananan haruffa biyu, mg, wato ƙarfin ƙwaya ɗaya ke nan, ba wai ka sha biyar ba. Na sha ganin wanda ya ɗauka haka, kada kowa ya ji kunya, a hankali ake koyo.

Darasi na 2

Da yawa ana haɗa musu shi da wani mai suna abiraterone, manyan ƙwayoyi masu tsada. In na 250mg ne galibi huɗu ake sha lokaci ɗaya, sau ɗaya a rana, da cikin da ba komai, wato a bari awa 2 ta wuce bayan cin abinci, in an sha kuma a jira awa 1 kafin a ci ko da koko ne. Ita ƙaramar kuwa, wato prednisolone, da abinci take tafiya, ƙwaya ɗaya da safe, wasu a ƙara musu ɗaya da yamma, yadda dai likitanka ya rubuta. Ɗauki biro ka zana kwano a kwalin ƙaramar. Babbar a bar ta ba zane. Kwano, abinci. Ba kwano, ba abinci.

Me ya sa ake haɗa su? Babbar tana tare sinadarin maza da dajin ke ci yana girma, amma garin yin haka tana rage wani sinadarin da jiki ke buƙata, kotisol. In ya ragu sai jini ya hau, ƙafa ta kumbura, gishirin fotashiyam ya yi ƙasa har zuciya ta riƙa bugu ba daidai ba. Ƙaramar ce ke cike wannan gurbin.

Darasi na 3

Nan ne kowa ke faɗuwa, don haka nan za mu daɗe. Ƙaramar ƙwayar nan ba a yanke ta kai tsaye. Ku maimaita. Ba a yanke ta kai tsaye.

A saman kowace ƙoda akwai wata 'yar halitta da ke yi wa jiki kotisol, to in ta ga ana kawo irinsa daga waje har an haura sati 3 sai ta kwanta ta daina aiki, ranar da ka yanke kuwa ba za ta miƙe nan take ba, sai jiki ya rasa na waje ya rasa na gida. Jiri, amai, kasala har mutum ya kasa ɗaga buta, jini ya faɗi, wani ma ya suma. Yana iya kisa.

Akwai wani dattijo a ajinmu na bara, ya sayar da raguna biyu ya sayi babbar, ƙaramar ta ƙare ranar Alhamis ya ce ai wannan mai araha ce ba ita ce maganin ba, bari sai ranar ganin likita. Kafin sati ya zagayo 'ya'yansa suka ɗauke shi ranga-ranga a Keke Napep. Allah ya yi da sauran kwana.

In ka ji sauƙi, ba ka yankewa. In ta kusa ƙarewa, ƙirga, da zarar saura na kwana 7 ka nemo wata. In za ka ƙauye biki ko ta'aziyya, tana aljihu. In azumi ya zo, je ka tambayi likita yadda za a gyara lokacin, kada ka ajiye ta da kanka. In amai ya hana ta zama a ciki, asibiti ranar. Likita ne kaɗai ke sauke mutum daga kanta, shi ma da kaɗan-kaɗan yake ragewa.

Wallahi wannan maganar na faɗe ta ya fi sau goma a ajin nan amma makon jiya na tambaya mutum uku suka ce in an warke sai a daina. Haba jama'a! Me muke yi a nan tun watan jiya? A buɗe littafi a rubuta sau biyar: ba na yanke ta da kaina.

Darasi na 4

Tana iya ɗaga suga, ta hana barci, fuska ta cika. Mai ciwon suga ya riƙa gwaji. Kada a haɗa ta da diclofenac ko ibuprofen na kemis ba da sanin likita ba, suna kawo gyambon ciki. Dexamethasone ɗin nan da ake kira sha ka fashe dangi ɗaya ne, kada wata ta ɗebi na mijinta don neman ƙiba.

Darasi na 5

Mai dajin furostet in baya ya riƙe shi da tsanani, ƙafafu suka yi nauyi ko fitsari ya tsaya, a kai shi asibiti a ranar. Can za su ba shi dexamethasone mai ƙarfi don sauke kumburin laka.

Darasi na 6

A kwafi kalmar PRED sau uku. A zo da kwalin ranar Litinin.