Yadda za a kashe sanarwar gem a waya da kwamfuta

Jama'a, masu kukan gem ya dame su da ƙara dare da rana, ba sai kun kai waya wajen masu gyara a kasuwar Computer Village da ke Ikeja, Legas ba.

A Android, idan sanarwar ta sauko, ku danne ta da yatsa har zaɓi ya fito, ku kashe ta nan take. Daga Android 13 zuwa sama, manhaja sai ta nemi izini kafin ta fara turo sanarwa, to ku hana ta tun ranar da kuka sauke ta. Masu Tecno da Infinix, ku leƙa manhajojin AHA Games da Palm Store. Tare da wayar suke zuwa, wani lokaci ba sa goguwa, amma ana iya kashe sanarwarsu.

Inda aka fi ruɗewa shi ne a goge gem, talla kuma ta ci gaba da shigowa. Galibi daga Chrome take, wani shafi ne aka taɓa danna wa Allow cikin gaggawa. Ku shiga Settings na Chrome, sai Site settings, sai Notifications, ku toshe duk shafin da ba ku gane ba. Na caca ma nan suke ɓuya.

A iPhone, Settings, Notifications, sunan gem ɗin, a kashe Allow Notifications. A kwamfuta mai Windows 11, Settings, System, Notifications (a Windows 10, Notifications & actions), a kashe ta gem ɗin.

Kada dai ku kashe sanarwar wayar gaba ɗaya. Ɗan kasuwa a Mile 12 ko Agege da ke jiran alat na banki, kwastoma na tsaye, shi zai sha wahala.