Yadda Furodusa Mai Zaman Kansa Ke Shirya Fim Kan Waɗanda Aka Zalunta

Furodusa mai zaman kansa shi ke neman kuɗi, shi ke haɗa ma'aikata, kuma shi za a kira idan magana ta kai kotu. In labarin na zalunci ne, nauyin ya ninka.

Mataki na farko, ka nemo mutum ɗaya da matsalar ta taɓa, domin mai kallo da mutum yake tausayawa. A 1988 fim ɗin labarin gaskiya na darakta Errol Morris ya bi shari'ar Randall Adams kaɗai, wanda aka ɗaure a Texas kan kisan ɗan sanda da bai aikata ba. A 1989 aka sake shi.

Na biyu, amincewa, kuma a nan nake so ka fi daɗewa. Kafin ka kunna kyamara, ka faɗa wa mai labarin duk inda fim ɗin zai iya zuwa, har da intanet, inda ba a iya janye abu idan ya shiga. A karanta masa takardar amincewa da harshen da yake ji. In akwai haɗari, rufe fuska da sauya murya ba su isa ba. Ka duba bayansa: lambar mota, sunan titi, tabon da ke hannunsa, duk suna iya tona shi. Ka kulle hotunan da kalmar sirri, ka ajiye kwafi biyu a wurare daban. Kai in an gama shutin gida za ka koma, shi kuwa cikin waɗanda ya fallasa zai ci gaba da kwana. Ka nuna masa fim ɗin kafin kowa ya gani.

Na uku, kuɗi. Ka haɗa ɗan taƙaitaccen bidiyo da kasafi, ka nemi tallafin cibiyar Sundance, ko asusun IDFA Bertha na Amsterdam, ko shirin JustFilms na gidauniyar Ford. Kada ka sa hannu a yarjejeniya sai ka san wa ke da maganar ƙarshe a editin.

Na huɗu, kowane zargi ya sami hujja, wanda ake zargi a ba shi damar kare kansa, sannan lauya ya kalli fim ɗin saboda ƙarar ɓata suna.

Na biyar, tun kafin shutin ka rubuta waɗanda dole su kalla: 'yan majalisa, alƙalai, ƙungiyoyin da ke wannan fafutukar. Fim ɗin Sharmeen Obaid-Chinoy kan kashe mata da sunan kare mutuncin dangi ya ci Oscar a 2016, an haska shi ga firaministan Pakistan na lokacin, Nawaz Sharif, kuma a Oktoban shekarar majalisar Pakistan ta tsaurara dokar, yadda yafiyar dangi ba ta hana ɗaurin rai da rai. Irin wannan haskawa tana cin kuɗi da watanni, don haka ka sa ta cikin kasafi tun farko.