Yadda ake neman maganin toshe furotiyas da ƙananan gutsattsarin sinadari

Furotiyas enzayim ne mai datse furotin. Ƙwayar cutar korona tana da nata, Mpro, wanda in aka toshe shi ba ta iya hayayyafa. A 2020 masana a cibiyar Diamond da ke kusa da Oksfod a Ingila sun bi hanyar gutsattsari a kansa, wato a fara da ƙananan sinadarai masu ɗan kama enzayim sannan a gina magani a kansu, shi ya sa za mu yi misali da shi.

Da farko a samar da furotin ɗin tsantsa, a sa shi ya daskare ya zama kiristal. Nan aikin ya fi cin rai. In kiristal bai yi kyau ba, sauran wahalar banza ce.

Sai zaɓen gutsattsari. Masanan kamfanin Astex sun fitar da ƙa'idar uku a 2003, wadda kan gaba a cikinta shi ne nauyin gutsure ya gaza dalton 300 (dalton ma'aunin nauyin ƙwayar sinadari ne). Gutsattsari dubu ɗaya zuwa biyu sun wadatar, domin ƙaramin abu ya fi saurin samun gurbin da zai zauna.

Na uku, a jiƙa kowane kiristal cikin ruwan da aka narkar da gutsure da yawa a ciki, a haska masa eksire. A Diamond an gwada sama da 1,250, aka samu 74 da suka kama. Kamunsu ba ƙarfi, don haka kada a yarda da gwaji ɗaya. A maimaita da NMR ko SPR, wasu hanyoyin auna kamu da na'ura. Wasu sinadaran dunƙulewa kawai suke yi, su yi kamar sun toshe enzayim ɗin. Wasu kuma manne wa sistin na 145, tubalin furotin da Mpro ke datsewa da shi, suke yi, kamar yadda za su manne wa kowane sistin da suka tarar.

Daga nan sai gini. Hoton eksiren zai nuna inda gutsure ya zauna, misali gurbin S1 na Mpro da ke karɓar gulutamin (wani tubalin furotin), da filin da ya rage a gefensa. Ana iya tsawaita shi zuwa gurbi na kusa, ko a haɗe biyu da suka hau kan juna, ko a ɗaure biyu da ke gurabe dabam-dabam, dabarar da Stephen Fesik da abokan aikinsa suka nuna a kamfanin Abbott a 1996. A takarda ɗaurin ya fi burgewa, amma a gani na tsawaitawa ta fi tabbas, saboda mahaɗin yakan karkatar da gutsattsarin daga mazauninsu. Duk abin da aka ƙara, a auna ko ƙarfin kamu ya ƙaru daidai da nauyin. In bai ƙaru ba, a cire.

Tun da wuri a gwada sinadarin da ake ginawa a kan furotiyas ɗin jikin ɗan Adam. Masu neman toshe furotiyas ɗin BACE1 don cutar mantuwa ta Alzaima sun sha fama da katefsin D, furotiyas ɗan uwan BACE1 na kusa, da sinadaransu kan toshe ba da niyya ba. Maganin verubecestat na kamfanin Merck daga gutsure ya samo asali, ya kuma rage amiloyid, furotin da ke taruwa a ƙwaƙwalwar masu cutar, amma aka dakatar da gwajinsa a 2017 da 2018 saboda bai amfani marasa lafiya ba.